Maɓallin Ragon Layya

Duk wanda ya taɓa kai salularsa gyara a layin masu waya na Kasuwar Dole ya san Ɗan'azumi, ko bai riƙe fuskarsa ba ya riƙe muryarsa. Mutum ne wanda in ya canza maka batir sai ya haɗa maka da labarin kuskuren da masu ƙera wayar suka yi, da yadda shi kaɗai ya gano shi a duk faɗin Damagaram. Magunguna biyu gare shi, kuma da su yake warkar da kowace cuta. In waya ta yi nauyi sai ya wanke ta, wato ya share duk abin da bai gane ba da duk abin da ya yi kama da ɗan'uwansa. In ta ƙi, sai ya cire batir ya mayar. Hotunan biki da na suna da suka salwanta a hannunsa Allah kaɗai ya san yawansu. Duk da haka ya sa an rubuta masa Injiniya da jan fenti a goshin rumfarsa, ba kuwa wanda ya taɓa ganin takardar shaidarsa.

Abin da ke ci masa rai shi ne rana. Rumfar kwano ce, kafin azahar ta gama dafa shi. A unguwar Zango kuwa akwai Asusun Tattali, ɗan ƙaramin banki na 'yan kasuwa da dukawa da mata masu tatsar man gyaɗa, kuma a bayansa akwai wani biro, wato ofis, mai ordinatar, wato kwamfuta, da kujera mai juyawa da na'urar sanyaya ɗaki, wadda ake ce wa kilim. Tun ranar da Ɗan'azumi ya leƙa biron sanyi ya bugi fuskarsa, bai ƙara barci mai daɗi ba. Da ya ji kwamitin asusun na neman wanda zai zauna a ciki ya riƙa kula da ordinatar a kan albashi, sai ya ce ai tun yana ciki aka rubuta masa wannan kujera.

Dalilin neman shi ne sabon tsarin ragon Layya. Kowace shekara mutane sai Sallah ta ƙarato suke faɗawa kasuwa da gudu, dillalai su yanke su kafin su yanka rago. Sai asusun ya ce duk wanda ya yarda, kowane wata za a cire ɗan wani abu daga ajiyarsa ba sai ya zo ba, ya wuce kai tsaye cikin ajiyar Habibu, dillalin raguna na Takieta. Ranar da kuɗi ya cika, Habibu ya kawo rago. Haka aka rubuta, haka aka sa hannu. Wani kamfani na Yamai ya girka musu manhajar da za ta yi wannan aiki, kuma injiniyarsu, wata mata mai suna Falmata, ita ce za ta zo ranar bikin buɗewa ta ɗora cirar watan farko.

Ɗan'azumi ya wanke babbar rigarsa ya tafi shagon Alhaji Mai Nasara, dillalin fata, shugaban kwamitin, wanda ake kira Parzidan. Alhaji mutumin kirki ne, sai dai hannunsa ba ya buɗewa sai in zai yi alwala. Ɗan'azumi ya san haka, don haka bai ɓata lokaci wajen yabon kansa ba, sai ya shiga lissafa wa Alhaji kuɗin motar Falmata daga Yamai, da na masauki, da na abinci, da na komawa. Kafin ya kai ga ruwan shanta Alhaji ya fara share gumi.

"Parzidan, ga ɗan gida zaune, a ɗauko mace tun daga Yamai don ta danna maɓalli ɗaya? Ni da na buɗe cikin wayoyin da suka fi wannan ordinatar wayo?"

Alhaji ya dube shi sama da ƙasa, ya ce, "To, ɗan nan. In aka yi bikin nan lafiya aka tashi lafiya, biron naka ne."

Ko gida bai biya ba. Kasuwa ya koma ya sallama wa maƙwabcinsa Mahamud rumfar, ya sayar masa da kayan aiki har da gilashin duba ƙananan ƙusoshi. Mahamud ya tambaye shi ko a ajiye masa benci, don halin rayuwa. Ya ce benci na masu niyyar dawowa ne. A gida matarsa Lubabatu ta ji labari ta ajiye muciya, ta ce masa kada ya ga hadari ya yi wanka da kashi. Ya ce mata ta fara koyon yadda matan ma'aikata ke tafiya.

Falmata ba ta ji daɗin soke zuwanta ba, amma ta kira shi ta yi masa bayani dalla-dalla. Ta ce a cikin ordinatar akwai wata jaka da suke kira bibliyotek, cike da ƙananan fayiloli da manhajar ke aika, kowanne da aikinsa. Wani ya karanta takardar cirar wata, wani ya nemo ajiyar kowa, wani ya tura saƙo. Akwai kuma wani wanda shi ne mai gadi, aikinsa ya tuna cewa takardar wannan wata ta riga ta shiga, in ta sake zuwa ya kore ta. Ta ce kada ya taɓa jakar, kuma maɓallin sau ɗaya ake danna shi. Shi kuwa ya ajiye wayar a kan tebur yana ta "dakor, madam, dakor," yana gwada iya nisan da kujerar za ta juya da shi.

Da ya kunna ordinatar sai ya ga tana buɗewa a hankali, irin tashin tsohon da ya daɗe a zaune. Ai kuwa jinin sana'a ya motsa. Ya shiga jakar da aka hana shi, ya tarar da fayiloli jere, sunayensu duk iri ɗaya, 'yan lambobin wutsiya kawai suka bambanta su. Ya yi tsaki, ya ce mutanen Yamai ba su da tsoron Allah, abu ɗaya su kwafe shi su cika wa mutane na'ura. Ya bar mafi girma a cikinsu, ya wanke sauran tas.

Manhaja ta ƙi buɗewa. A cikin kilim ɗin da ya yi shekara yana mafarki, gumi ya jiƙa masa riga. Ya shiga kwandon sharar ordinatar yana dawo da fayilolin ɗaya bayan ɗaya, kowanne ya dawo ya gwada, har Allah ya sa ta buɗe. Nan take ya tsaya. Waɗanda suka rage a kwandon ya ce 'yan cin arziki ne, tunda ga shi an yi ba su, kuma mai gadi yana cikinsu. Wani gargaɗi mai launin rawaya ya fito da Ingilishi, ya rufe shi, don a saninsa duk na'urar kirki tana da ɗan ƙorafi. Hajiya Zakiyya, manajar asusun, ta leƙo ta tambaye shi me yake yi tun safe. Ya ce mata ɓarayin wuri ya kama ya kora, ta gode wa Allah da ba a kawo baƙuwa ba.

Ranar biki aka kafa rumfunan tamfol a ƙofar asusun, aka jera kujerun roba, aka ɗauko Yakuba maroƙi da lasifika. Masu ajiya suka zo har daga Mirriya da Dakusa. Ɗan'azumi ya ce ba zai yiwu a ɓoye ilimi a ɗaki ba, ya sa aka fito da ordinatar waje aka ɗora a tebur, da doguwar wayar wuta da aka ja daga biro. Manya suka cika layin gaba, Habibu dillali na gefe da rawaninsa, yana murmushin mutumin da bai san me zai samu ba amma ya san zai samu.

Ɗan'azumi ya yi jawabi. Ya ce daga yau ba sauran layi, ba sauran zufa, mutum na kwance a ɗakinsa ragonsa na ƙiba. Yakuba ya ɗauka: Injiniya ɗan Damagaram, mai sa ƙarfe magana, wanda Yamai ta aiko a tambaye shi. Sannan aka kira Alhaji Mai Nasara. Ya naɗe hannun riga, ya miƙa yatsa kamar zai taɓa garwashi, ya danna.

Sai wayoyi suka ɗauki kuka a lokaci ɗaya, daga aljihun maza, daga ƙullin zanen mata, daga ƙarƙashin hula. Wata tsohuwa ta yar da tata. Ɗan'azumi ya ɗaga hannu ya ce kowa ya kwantar da hankali, na'ura ce ke gaishe da kowane mai ajiya da sunansa. Saƙon da Faransanci yake, mafi yawa ba su iya karanta shi ba, 'yan kaɗan da suka iya kuwa suka duba suka ga cirar wata ce daidai yadda aka faɗa, suka mayar aljihu. Mata suka rangaɗa guɗa. Ɗan'azumi ya ji kujerar nan mai juyawa har ta fara ɗumi a ƙarƙashinsa.

Da a nan aka tashi, da yau wani labari ake yi. To amma mai unguwa ya yi gyaran murya, ya gyara zaman alkyabbarsa, ya dubi sama. Duk wanda ya tashi a garin nan ya san ma'anar wannan. Ba a taɓa buɗe ko rijiya ba a ce dillalin fata ya sa hannu, mai unguwa na zaune yana kallo. Hajiya Zakiyya ta matso ta raɗa wa Ɗan'azumi cewa ita fa ta ji Falmata ta ce sau ɗaya.

"Hajiya, aiki ya riga ya wuce," in ji shi. "Maɓallin nan yanzu kamar famfon unguwarmu ne, ko wa ya murɗa ba abin da zai fito. Girmamawa ce kawai." Ya juya ya rusuna. "Ranka ya daɗe, bisimilla."

Mai unguwa ya danna. Wayoyi suka sake kuka. Ɗan'azumi ya yi wuf ya ce na'urar ta san manya, amsa gaisuwa take yi. Jama'a suka ce lallai abin da ladabi.

Mai unguwa ya danna, liman ya zauna? Aka ce Allah gafarta malam, a sa albarka. Liman ya yi bisimilla ya danna. Sarkin fawa ya tashi ba tare da an kira shi ba, ya ce zancen rago ake, kuma ba mai gaya masa rago. Da sarkin dukawa ya ga haka sai ya ce fatar ragon ai wurinsa za ta ƙare. Kowanne ya danna wayoyi su yi kuka, Yakuba ya yi masa kirari, a tafa.

Tun daga dannawar mai unguwa Habibu dillali ya saci kallon wayarsa. Shi ma bai iya Faransanci ba, amma lamba ba ta da yare, kuma tasa hawa take yi. Nan da nan ya zama mutumin da ya fi kowa sanin ya kamata a wurin. Ya cusa wa Yakuba wani abu a hannu, ya ce a tuna da baƙinmu na Mirriya, sun baro kasuwarsu. Wakilin Mirriya ya danna. Habibu ya girgiza kai ya ce Mirriya ta danna Dakusa ba ta danna ba, wannan ai neman fitina ne a ƙasa. Wakilin Dakusa ya danna.

Daga can baya Kande mai man gyaɗa ta miƙe, mace mai muryar da ba ta buƙatar lasifika. Ta ce su mata su suka fi kowa zubi a asusun nan, amma an mai da su 'yan guɗa. Habibu ya ce wallahi gaskiyarta. Aka kira shugabar mata ta danna, Kande ta biyo bayanta. Yatsanta da maiƙo, ta ce ba ta ji ya shiga ba, ta ƙara, ta kuma ƙara don ta tabbatar.

Mutum ɗaya aka manta, Mushe Ado, kamar yadda ake kiran malaman boko da Faransanci, tsohon malamin makaranta wanda rabin layin gaba sun sha bulalarsa. Ya jira a kira shi, ya ga har mai man gyaɗa ta riga shi. Don ya nuna bai damu ba sai ya ciro tabarau ya shiga duba wayarsa. Ya karanta saƙo na sama, ya sauka na ƙasa, ya sake sauka. Sannan ya miƙe tsaye yadda yake yi in aji ya cika surutu.

"Parzidan, wannan ba gaisuwa ba ce. Duk yatsan da ya sauka a kan abin nan, zubin wata guda ya ɗauka daga ajiyar kowa. Na ƙarshe cewa ya yi abin da ya rage mini bai isa a cira ba."

Yakuba ya sauke lasifika. Mutane suka yi caa a kan Mushe Ado, kowa na tura masa waya a hanci, shi kuwa yana karantawa da ƙarfi cikin jin daɗin da bai iya ɓoyewa ba. Alhaji Mai Nasara ya ce shi dai sau ɗaya ya danna, kuma nasa ne na halal. Mai unguwa ya ce shi kiransa aka yi. Liman ya ce shi albarka aka ce ya sa, ya sa. Sarkin fawa ya ce shi wane ne da zai ga liman ya yi abu ya ƙi bi. Kande ta ɗora hannu a ka ta ce jarin gyaɗarta ke nan na kasuwar Mirriya, ta juya tana neman wanda za ta kama, sarkin dukawa ya tuna mata cewa ita kaɗai ta ci rabon mutum uku. Da aka rasa babban da za a iya zagi, sai idanu duka suka sauka a kan Ɗan'azumi.

Ya yi dariyar da ba ta wuce haƙori ba. Ya ce ƙaramin abu ne, ya ga wanda ya fi wannan a waya 'yar dubu biyar. Ya sunkuya ƙarƙashin tebur ya fizge wayar wuta, ordinatar ta mutu. Ya jira kaɗan yana hura bakin filogin, ya mayar. Ta tashi a hankali, manhaja ta buɗe, ta tarar da takardar cira tana nan a bakin ƙofa, ba mai gadin da zai ce mata ta riga ta shiga, sai ta sake haɗiye ta. Wayoyin waɗanda ke da sauran abu a ajiya suka yi kuka, ba hannun kowa a kan maɓalli.

"Kun gani," in ji Ɗan'azumi. "Yanzu ma ta koya, da kanta take yi."

Takalmin Kande ne ya fara isa, ya same shi a kunne. Hajiya Zakiyya ta shiga tsakani da ƙyar, ta kira Falmata, ta kara wayar a bakin lasifikar Yakuba don kowa ya ji da kunnensa.

"Malam Ɗan'azumi, ka taɓa jakar da na hana ka?"

"Tsaftacewa kawai na yi, madam."

"Sau nawa aka danna?"

Ya dubi layin gaba daga wannan ƙarshe zuwa wancan. "Gwargwadon manyan gari, madam."

Aka ji ta ja dogon numfashi tun daga Yamai. Ta ce fayilolin za ta iya mayar da su daga inda take kafin a yi la'asar, amma kuɗin da ya shiga ajiyar dillali, in ya riga ya fitar da shi, ba fayil ɗin da zai dawo da shi. Sai a lokacin aka waiwaya. Kujerar Habibu ba kowa, sai ɓawon goro a ƙasa.

Da aka same shi a waya yana kan hanyar Takieta, iska na kaɗa muryarsa. Ya ce a gaishe da manya, Allah ya saka musu. Ya ce kuɗin raguna ya cika, ya riga ya tura wa makiyaya, kuma takarda ta ce ranar da ya cika ya kawo kaya. Shi kuwa ko me za a ce masa, ba za a ce ya ci amana ba.

Bai ci ba kuwa. Kafin mako ya zagayo manyan motoci suka tsaya a ƙofar Asusun Tattali suka zazzage raguna, farare da baƙaƙe da masu roɗi-roɗi, har suka toshe hanya. Ga shi ko cincin ɗin Mauludi bai ƙare a gidaje ba, Layya na can nesa ba a ko hango ta. Masu ajiya suka ce ba su da garke, ba su da kuɗin harawa, tunda kuɗin ne ya zama ragon. Kande ta dubi nata, shi ma ya dube ta, ta tambayi Alhaji ko mai za ta tatsa a jikinsa. Kafin kwamiti ya zauna ragunan sun cinye rabin tamfol ɗin biki, wanda haya aka ɗauko shi.

Kwamiti ya yanke cewa asusun zai riƙe ragunan, wanda ya matsu a sayar masa da nasa a hankali, sauran su jira Sallah. Biron kuwa a kulle shi, Falmata ta riƙa kula da ordinatar daga Yamai. Alhaji ya aika aka kira Ɗan'azumi, ya zo kunnensa a kumbure, ya tsuguna. Alhaji ya ce shi mutum ne mai cika alkawari, ya ce zai ba shi aiki a asusun nan, kuma ga aikin ya samu. Ya miƙa masa sanda da igiya. Ya ce albashin akwai, amma harawa za ta riƙa karɓa a madadinsa har Layya.

Da ya isa gida Lubabatu na bakin murhu. Ta dubi sandar, ta dubi igiyar, ta tambaye shi labarin biro.

"An faɗaɗa mini shi," in ji Ɗan'azumi. "Daga Zango har duwatsun hanyar Mirriya duk nawa ne. Dukiyar asusun gaba ɗaya a hannuna take."

"Da kilim, Malam?"

"In iska ta taso."

Ta shiga ɗaki ta lalubo tsohuwar malafar babanta, ta kakkaɓe ta, ta rataya masa a bakin ƙofa don kada ya manta da safe.